In Da Komai Jijjiga Ne: Darasi A Kan Wata Duniya Ta Hasashe

Gabatarwa

Kwanakin baya, bayan na kammala lacca a kan yadda kunnen ɗan Adam yake aiki, wani ɗalibi ya biyo ni har ofis da wata 'yar takarda a hannunsa. Takardar talla ce ta wata na'ura da ake cewa tana gano kowace irin cuta cikin minti biyu, da zarar mutum ya riƙe wani ɗan ƙarfe a tafin hannunsa. A saman takardar an rubuta da manyan haruffa cewa masana kimiyya sun tabbatar komai na duniya jijjiga ne, saboda haka cuta ma jijjiga ce da ta karkace, kuma na'urar tana daidaita ta. Ɗalibin ya ce, "Malam, yanzu ka gama gaya mana sauti jijjiga ne, malamin fiziks kuma ya ce haske ma haka yake. To, ashe ke nan gaskiya suka faɗa?" Da na ƙara bincikarsa, sai na gane ba don cin jarrabawa yake tambayar ba. Yana da ƙanwa mai ciwon sikila, kuma an fara shawara a gidansu a kai ta wurin mai na'urar, a daina sayen maganin asibiti.

Wannan tambaya ita ce dalilin rubuta wannan darasi. Za mu gina wata duniya a cikin tunaninmu, wadda komai nata daga jijjiga ya fito, sa'an nan mu aza ta kusa da duniyar da muke ciki, mu ga inda suka dace da inda suka saɓa. Masana kimiyya sun daɗe suna amfani da irin wannan dabara ta gwaji a cikin tunani. Sharaɗinta ɗaya ne: duk abin da aka hasasa, dole a dawo da shi gaban awo da gwaji, domin gani ya kori ji.

Mene ne jijjiga?

Jijjiga ita ce kai-da-komon da abu yake yi a kusa da mazauninsa, ya je nan ya dawo can, a kai a kai. Lilo jijjiga yake yi, haka tsirkiyar gurmi idan an kaɗa ta, haka fatar ganga idan an doke ta. Abubuwa uku ake aunawa a kowace jijjiga. Na farko shi ne ƙidayarta, wato sau nawa abin yake zuwa ya dawo a cikin sakan ɗaya. Ana auna wannan da ma'aunin da ake kira haz, don tunawa da Heinrich Hertz, masanin fiziks na ƙasar Jamus. Abin da ya je ya dawo sau 100 a sakan, an ce yana jijjiga a kan haz 100. Na biyu shi ne faɗinta, wato nisan da abin yake yi daga mazauninsa kafin ya juyo. Na uku shi ne zangonta. Idan jijjiga ta bar inda aka fara ta, ta bi ta cikin ruwa ko iska, sai ta zama taguwa, kamar wadda ake gani idan an jefa tsakuwa a kududdufi. Tazarar da ke tsakanin ƙololuwar wata taguwa da ta mai bi mata ita ce zango.

Masu sauraron rediyo sun san wannan kalma tun da daɗewa. Idan mai gabatarwa ya ce a kama su a gajeren zango mita 19, yana nufin tsawon kowace taguwa ya kai kimanin mita 19. Taguwar rediyo tana gudun mita miliyan 300 a sakan, saboda haka idan aka raba wannan gudu da 19 za a ga tana jijjiga fiye da sau miliyan 15 a sakan ɗaya. Ƙa'idar ita ce: ƙidaya sau zango daidai yake da gudun taguwa. Ɗalibi ya riƙe wannan, domin za ta yi masa amfani a fiziks da kuma ilmin halittu.

Duniyar hasashe da dokokinta

Yanzu bari mu gina duniyar tamu. Mu ƙaddara babu dutse, babu ruwa, babu iska, sai wata shimfiɗa guda ɗaya da ta mamaye ko'ina, kamar fatar wata ƙatuwar ganga marar iyaka. Mu ba wannan duniya dokoki uku.

Doka ta farko: duk abin da ake gani ko ake taɓawa, wani wuri ne a kan shimfiɗar da yake jijjiga. Inda jijjiga ta tsaya, abin ya ɓace.

Doka ta biyu: bambancin abubuwa bambancin ƙidaya ne kawai. Ƙarfe yana da ƙidayarsa, ruwa yana da tasa, kamar yadda tsirkiya ɗaya take ba da amo iri-iri.

Doka ta uku: abu yana taɓa wani abu ne ta hanyar amsawa kaɗai. Idan ƙidayar abubuwa biyu ta zo daidai, ɗaya yana iya motsa ɗaya, kamar yadda yaro yake sa lilo ya yi sama ƙwarai da 'yar turawa kaɗan, muddin yana tura shi a daidai lokacin da ya kamata.

Duniya ce mai daɗin tunani, kuma ba mu muka fara sha'awarta ba. Ana danganta wa Fitagoras, masanin ƙasar Girka da ya rayu a ƙarni na 6 kafin haihuwar Annabi Isa, gano cewa idan aka danne tsirkiya a tsakiyarta, rabin da ya rage yana ba da amo irin na farko amma a sama. Mabiyansa sun ɗauka cewa lissafin da ke cikin kiɗa shi ne yake tafiyar da taurari ma. A shekarar 1636 Marin Mersenne na Faransa ya wallafa dokokin tsirkiya: idan aka rage tsawonta zuwa rabi, ƙidayarta tana ninkawa biyu, idan kuma aka ƙara ɗaurinta sau huɗu, nan ma tana ninkawa biyu. Makaɗin kalangu yana aiki da irin wannan doka duk sa'ad da ya matse tsarkiyoyin kalangunsa a hammata: fata ta ƙara ɗamewa, amo ya hau. A 1787 kuma Ernst Chladni na Jamus ya barbaɗa yashi a kan farantin ƙarfe, ya goga izgar kiɗa a gefensa, sai yashin ya gudu daga wuraren da ke jijjiga ya taru a layukan da ba su motsi, ya fitar da zane-zane masu ban sha'awa. Duk wanda ya ga wannan zai iya cewa lallai jijjiga tana haifar da siffa.

Inda hasashen ya yi daidai

Sauti shi ne shaida ta farko. Idan aka doki ganga, fatarta tana tura iskar da ke kusa, wannan ta tura ta gaba da ita, har taguwar ta iso kunne da gudun kimanin mita 343 a sakan. Shi ya sa ake ganin walƙiya kafin a ji tsawa, kuma kowane sakan 3 da ya shiga tsakaninsu yana nuna nisan kimanin kilomita ɗaya.

A cikin kunne, taguwar tana girgiza dodon kunne, shi kuma ya miƙa motsin ga wasu ƙananan ƙasusuwa uku waɗanda aka sa wa suna saboda kamanninsu: guduma, uwar maƙera da likkafa. Likkafa tana tura ruwan da ke cikin wani bututu mai naɗi kamar katantanwa. A cikin bututun akwai wani tantani mai tsawon kimanin milimita 35, wanda gindinsa yake amsa siririn amo, ƙarshensa kuma yake amsa amo mai kauri. Georg von Békésy ne ya nuna yadda taguwa take bin wannan tantani, aka ba shi lambar yabo ta Nobel a 1961. A kan tantanin akwai ƙwayoyi masu gashi kimanin 15,000, waɗanda suke juya motsi ya zama saƙon lantarki zuwa ƙwaƙwalwa. Kunnen matashi mai lafiya yana jin daga haz 20 zuwa haz 20,000. Waɗannan ƙwayoyi kuwa idan ƙara mai tsanani ta kashe su ba sa sake tsirowa a jikin ɗan Adam, abin da ya kamata masu kwana kusa da lasifika ko injin niƙa su sani.

Dabbobi da yawa sun fi mu cin moriyar jijjiga. Ƙananan jemagu masu cin ƙwari suna fitar da kuka sama da haz 20,000, su saurari dawowarsa, da haka suke gane bango da abinci a cikin duhu. Donald Griffin ne da abokin aikinsa Robert Galambos suka tabbatar da haka a Amurka wajen 1940. Giwaye kuma suna kiran juna daga nesa da amon da ya yi ƙasa da haz 20, wanda kunnenmu ba ya ji, kamar yadda Katy Payne ta gano a 1984. Kukan sauro da yake hana mu barci bugun fikafikansa ne, sau ɗaruruwa a sakan, kuma da gashin da ke kansa namijin sauro yake jin bugun fikafikan mace ya nemo ta. Gizo-gizo yana zaune a gefe, amma da jijjigar saƙarsa yake sanin ƙuda ya faɗa tarko.

Shaida ta biyu ita ce zafi. A 1827 wani masanin tsirrai ɗan Sikotilan, Robert Brown, ya duba wasu 'yan ƙananan ɓarɓashi daga garin fure a cikin ruwa ta madubin ƙara girma, ya ga suna ta rawa ba tsayawa. A 1905 Albert Einstein ya bayyana da lissafi cewa ƙwayoyin ruwan ne, waɗanda ido ba ya gani, suke ta bangazar ɓarɓashin ta kowane gefe. A cikin ƙarfe ko dutse, kowace ƙwayar zarra tana jijjiga a mazauninta, kuma abin da muke kira zafi shi ne ƙaruwar wannan motsi.

Shaida ta uku ita ce haske. A 1865 James Clerk Maxwell ya nuna cewa haske taguwa ce ta ƙarfin lantarki da na maganaɗisu, Hertz kuma ya samar da irin wannan taguwa a ɗakin gwaji a 1887. Jan haske yana jijjiga kimanin sau tiriliyan 430 a sakan, shuɗi mai duhu kuma ya haura tiriliyan 700. Launi ke nan bambancin ƙidaya ne, kamar yadda dokarmu ta biyu ta ce. Ganye yana bayyana kore ne domin sinadarin kulorofil da ke cikinsa yana shanye ja da shuɗi fiye da kore. Iskar kabon da injuna suke fitarwa kuwa tana riƙe zafin ƙasa ne domin ƙwayoyinta suna amsa taguwar zafi da jijjigarsu, kamar yadda dokarmu ta uku ta ce. John Tyndall ya auna wannan shanyewa tun a 1859.

Hatta lokaci da jijjiga muke auna shi. A cikin agogon hannu mai batir akwai ɗan dutsen kwaz da yake jijjiga sau 32,768 a sakan. Tun daga 1967 kuma, ma'anar sakan a duniya baki ɗaya ita ce tsawon lokacin da taguwar da ta dace da ƙwayar zarrar siziyam take ɗauka ta yi jijjiga 9,192,631,770.

An taɓa gwada wannan hanya

Mai karatu zai iya cewa ai magana ta ƙare, duniyar hasashe ita ce duniyarmu. Kafin mu yanke hukunci, bari mu dubi abin da ya sami wani babban masani da ya bi wannan hanya.

A 1867 William Thomson, wanda daga baya aka sani da Lord Kelvin, ya ga abokinsa Peter Tait yana fitar da zobban hayaƙi daga wani akwati a birnin Edinbara. Zobban suna tafiya ba su watse ba, idan sun yi karo sai su yi ta karkarwa kamar roba. A zamanin, masana sun yarda akwai wani abu mai kama da ruwa, marar nauyi, da ya cika sararin samaniya, wanda suke kira eta, kuma a ganinsu a cikinsa haske yake tafiya. Sai Kelvin ya kawo ra'in cewa kowace ƙwayar zarra zobe ce mai juyawa a cikin eta, bambancin sinadarai kuma bambancin ƙullin zoben ne, launukan hasken da kowane sinadari yake fitarwa kuwa daga jijjigar zobensa suke. Ra'in ya burge masana har shekaru kusan ashirin, Tait kuma ya duƙufa yana jera nau'o'in ƙulli ɗaya bayan ɗaya.

Amma ra'in bai iya faɗin nauyin ko da sinadari ɗaya ba. A 1887 Albert Michelson da Edward Morley suka yi wani gwaji mai tsananin kula a birnin Kilibilan na Amurka don auna tafiyar duniya a cikin eta, ba su ga alamar komai ba. A 1897 J. J. Thomson ya gano ilektiron, wanda ya nuna ƙwayar zarra tana da 'ya'ya a cikinta. Haka ra'in zobba ya mutu, duk da kyawunsa da girman mai shi. Sai dai wahalar Tait ba ta tafi a banza ba. Jerin ƙulle-ƙullensa ya zama tushen wani reshe na lissafi, wanda a yau masana ilmin halittu suke amfani da shi wajen fahimtar yadda zaren DNA yake sarƙewa da yadda wasu sinadaran jiki suke warware shi.

Abin da ƙarni na 20 ya ƙara

Abin mamaki, bayan mutuwar eta sai jijjiga ta dawo ta wata ƙofa. A 1900 Max Planck ya nuna cewa ƙarfin haske yana zuwa ne ƙulli-ƙulli, kuma girman kowane ƙulli ya dogara da ƙidayarsa. A 1924 Louis de Broglie na Faransa ya ce idan haske, wanda aka sani da taguwa, yana iya yin halin ƙwaya, to ilektiron ma, wanda aka sani da ƙwaya, zai iya yin halin taguwa. Ya kuma faɗi yadda za a lissafa zangonsa. A 1927 Clinton Davisson da Lester Germer suka auna, suka sami abin da lissafin ya faɗa. A 1926 Erwin Schrödinger ya fitar da lissafin da ya nuna ilektiron a cikin ƙwayar zarra yana da wasu siffofin taguwa ƙayyadaddu, kamar yadda tsirkiyar da aka ɗaure ta gefe biyu take da amo ƙayyadaddu. Mu masu nazarin halittu mun ci ribar wannan kai tsaye, domin gajartar zangon ilektiron ce ta sa aka iya ƙera madubin ƙara girma mai aiki da ilektiron, wanda Ernst Ruska da Max Knoll suka fara haɗawa a 1931, kuma da shi aka fara ganin surar ƙwayoyin cutar bairos.

A fiziks na yau, ana ɗaukar kowane ilektiron a matsayin motsi a cikin wata shimfiɗa da ta game ko'ina, kuma kowane nau'in ƙwaya yana da tasa shimfiɗar. A 1964 Peter Higgs da wasu masana suka hasasa wata sabuwar shimfiɗa, sai a 2012 aka ga ƙwayarta a cibiyar bincike ta CERN da ke kusa da Janeba. Haka kuma a ranar 14 ga Satumba, 2015, na'urorin LIGO a Amurka, masu hannuwa na tsawon kilomita 4, suka kama jijjigar sarari shi kansa, wadda ta taso daga karon wasu baƙaƙen ramuka biyu fiye da shekaru biliyan ɗaya da suka wuce. Einstein ya faɗi za a sami irin wannan taguwa tun a 1916.

Akwai kuma ra'in da ya fi kowanne kama da duniyarmu ta hasashe, wato ra'in tsirkiya. Ya samo asali daga wani lissafi na Gabriele Veneziano a 1968, ya bunƙasa bayan aikin Michael Green da John Schwarz a 1984. Ra'in yana cewa kowace ƙwaya wata 'yar tsirkiya ce, kuma yanayin kaɗawarta shi ne yake sa ta zama ilektiron ko wata ƙwayar. Tsirkiyar tana da ƙanƙantar da sai an raba mita ɗaya gida 1 mai sifiri 35 a bayansa kafin a zo kusa da tsawonta, kuma lissafin yana bukatar sarari da lokaci su kasance da fuskoki goma, alhali huɗu muka sani. Har yanzu babu wani gwaji da ya tabbatar da wannan ra'i. Masu aiki a kansa sun san haka, kuma suna faɗa.

Inda hasashen ya gaza

Yanzu sai mu koma ga dokokinmu uku mu yi masu tambayoyi.

Tambaya ta farko: mene ne yake jijjigar? Jijjiga aiki ce, dole a sami mai yin ta, kamar yadda ba a rawa sai da mai rawa. Robert Boyle ya nuna a 1660 cewa idan aka zuƙe iskar da ke cikin tulun gilashi, ƙarar abin da ke cikinsa tana dusashewa, domin sauti yana bukatar abin da zai bi. Shimfiɗun da fiziks na yau yake magana a kansu ba guda ɗaya ba ne, kuma kowace tana da halayenta, kamar nauyin ƙwayarta da cajin lantarkinta, waɗanda aunawa aka yi aka same su. Kalmar jijjiga ita kaɗai ba ta faɗa mana ko ɗaya daga cikinsu.

Tambaya ta biyu: shin ƙidaya ce kaɗai take bambanta abubuwa? Daimon da baƙin da ke cikin fensir duka ƙwayoyin kabon ne, iri ɗaya sak. Abin da ya raba su shi ne yadda aka jera ƙwayoyin. Haka kalmomin "rami" da "mari" haruffansu ɗaya ne, jerin ne ya bambanta, ma'ana ta bambanta. Rayuwa a kan jeri aka gina ta. Zaren DNA na ɗan Adam yana ɗauke da haruffa kimanin biliyan 3, daga nau'i huɗu kacal, kuma jerinsu ne yake tsara yadda za a gina jiki.

Ciwon sikila misali ne bayyananne. Sinadarin himogulobin, wanda yake ɗaukar iskar da muke shaƙa a cikin jini, yana da wata sarƙa mai ƙwayoyi 146. A jikin mai sikila, harafi ɗaya ya canja a cikin DNA, sai ƙwaya ta shida a sarƙar ta zama wata daban, kamar yadda binciken Vernon Ingram ya fara nunawa a 1956. Wannan ɗan canji yana sa himogulobin ya manne wa juna idan iska ta yi ƙaranci, jajayen ƙwayoyin jini su lanƙwashe kamar lauje, su toshe ƙananan jijiyoyi. Yaro yana kamuwa ne idan ya gaji wannan harafi daga uwa da uba duka. Babu wata ƙidaya da ta karkace a nan, balle a daidaita ta da na'ura.

Tambaya ta uku ita ce mafi muhimmanci: wane sakamakon gwaji ne zai nuna hasashen ƙarya ne? Karl Popper ya bayyana a 1934 cewa magana ba ta shiga sahun kimiyya sai in akwai gwajin da zai iya kayar da ita. De Broglie ya faɗi lamba, aka auna, da ba ta fito ba da an watsar da maganarsa. Kelvin ya sa ra'insa a gaban gwaji, ya faɗi, aka wuce. Amma wanda ya ce "komai jijjiga ne" ya yi shiru, bai faɗi ta mene ne ba, bai faɗi haz nawa ba, bai faɗi yadda za a auna ba, bai ce komai ba tukuna.

Masu na'ura

Tallar da ɗalibina ya kawo ba sabuwa ba ce. A farkon ƙarni na 20 wani likita a birnin San Faransisko, Albert Abrams, ya yi ta ba da hayar akwatunan da ya ce suna gano cuta daga jijjigar ɗigon jini. Mujallar Scientific American ta kafa kwamitin da ya binciki da'awarsa daga 1923 zuwa 1924, ya kuma yanke cewa ba ta da tushe. An ma taɓa aika wa wani mai amfani da akwatin jinin zakara a matsayin na mutum, ya lissafo masa cututtukan mutane. Ramin ƙarya ƙurarre ne.

Likitanci na gaskiya yana amfani da jijjiga, amma yana faɗin ƙidayarta da iyakar aikinta. Hoton ciki da ake yi wa masu juna biyu yana aiki da sauti na miliyoyin haz, kuma Ian Donald da abokan aikinsa ne suka wallafa sakamakonsa na farko a Gilasgo a 1958. Tun 1980 ake fasa tsakuwar ƙoda da taguwa mai ƙarfi ba tare da tiyata ba. Game da sikila kuwa, abin da gwaji ya tabbatar shi ne kariya daga zazzaɓin cizon sauro da sauran cututtuka, shan ruwa isasshe, maganin haidiroksiyuriya a ƙarƙashin kulawar likita, ƙarin jini idan an bukata, da dashen ɓargo ga wanda ya dace. A ƙarshen 2023 Ingila da Amurka suka amince da wani magani da ke gyara DNA na ƙwayoyin ɓargon majinyaci, ko da yake tsadarsa ta fi ƙarfin yawancin mutane. Gwajin jini kafin aure kuwa yana hannun kowa. Wannan na gaya wa ɗalibina, na kuma roƙe shi ya kai wa iyayensa bayanin, kada a yanke wa yarinyar maganinta.

Gwaje-gwaje don aji

1. A danne rula a bakin tebur, a bar santimita 20 a waje, a kaɗa ta. A rage zuwa santimita 10, a sake kaɗawa. Ɗalibai su bayyana yadda amon ya canja da dalilinsa.

2. A ɗaura tsakuwa a zare mai tsawon mita ɗaya, a ƙidaya lokacin da za ta yi kai-da-komo 10. Za a sami kimanin sakan 20. A canja tsakuwar da wadda ta fi ta nauyi, sa'an nan a rage zaren zuwa santimita 25. Wanne ne ya canja lokacin?

3. A ɗaure leda tamau a bakin kwano, a barbaɗa gero kaɗan a kai, a doki faranti kusa da shi ba tare da an taɓa kwanon ba. Me ya motsa geron?

Tambayoyi

1. Tashar rediyo tana watsa shiri a kan haz miliyan 100. Mita nawa ne zangonta?

2. An ga walƙiya, aka ji tsawa bayan sakan 9. Ina nisan wurin?

3. Me ya sa ra'in Kelvin ya faɗi, na de Broglie kuma ya tsaya?

Kammalawa

Mun ga cewa jijjiga tana da babban matsayi a sauti, da zafi, da haske, da awon lokaci, har da cikin ƙwayar zarra. Mun kuma ga cewa ita kaɗai ba ta isa ta bayyana abin da yake jijjigar ba, ko jerin da rayuwa ta ginu a kansa. Ina kira ga malamai su bar ɗalibai su riƙa gina irin wannan duniya ta hasashe a aji, sa'an nan su koya masu yadda ake gwada ta. Ɗalibi kuma, duk ranar da aka ce masa wani abu yana warkarwa da jijjiga, ya yi tambayoyi uku cikin ladabi: jijjigar mene ne, haz nawa ce, kuma wa ya auna ta?